Yadda Ake Soya Taliya da Naman Sa da Kayan Lambu Cikin Ɗan Lokaci

Wannan girki da Sinawa suka yi fice a kansa ba ya wuce minti 10 a kan wuta, kuma saurin nan nasa shi ne ke ba mutane wahala. Da zarar mai ya yi zafi, babu sauran damar ɗaukar wuƙa a yanka albasa, domin kafin a waiwayo tafarnuwa ta ƙone ta yi ɗaci. Saboda haka kusan duk aikin ana gama shi ne kafin a ɗora kasko.

Idan mutum biyu ko uku ne za su ci, a tanadi giram 250 na tsokar naman sa marar jijiya, da giram 200 na busasshiyar taliya, da albasa ɗaya, da karas biyu, da koren tattasai ɗaya, da rubu'in kabeji, da ƙwayar tafarnuwa huɗu, da ɗanyar citta kamar girman babban yatsa. Ana kuma buƙatar soya sos, wato baƙin ruwan ɗanɗano mai gishiri da ake yi da waken soya, da sitacin masara, da sukari kaɗan, da masoro, da man da ke jure zafi kamar man gyaɗa. Bota ba ta dace a nan ba, domin tana saurin ƙonewa.

A fara da naman, tunda shi ne ya fi buƙatar kulawa. Idan aka dubi tsoka da kyau za a ga siraran layuka kamar zare sun miƙe gefe guda. A gitta su da wuƙa, kada a bi tsawonsu, domin naman da aka yanka a tsawon zarensa yakan yi tauri a baki ko da mai kyau aka saya. Kaurin kowane yanka kada ya kai rabin santimita. Idan naman yana santsi yana kuɓucewa, a sa shi a firiza na minti 20, zai ɗan sandare ya yanku yadda ake so. Daga nan a cuɗa shi da babban cokali ɗaya na soya sos, da ƙaramin cokali ɗaya na sitaci, da ɗan mai da masoro, a ajiye shi na minti 15. Sitacin nan yana lulluɓe naman ne ya tsare masa ruwan jikinsa, shi ya sa yake fitowa da laushi duk da cewa wutar tana da ƙarfi.

Kafin naman ya jiƙu, a yanka karas siri-siri kamar tsinken ashana, tattasai da albasa kuma a tsaye, kabeji da ɗan faɗi, sannan a daddatsa tafarnuwa da citta. A cikin ƙaramin kwano a haɗa babban cokali uku na soya sos, da uku na ruwa, da ƙaramin cokali ɗaya na sukari, da ɗaya na sitaci.

Taliyar kuwa a dafa ta a tafasasshen ruwa, amma a sauke minti ɗaya kafin lokacin da aka rubuta a jikin ledar, saboda za ta ƙarasa nuna a kasko. A tace ta, a ɗauraye da ruwan sanyi, a bar ta ta tsane sosai, sannan a yaryaɗa mata mai kaɗan don kada ta dunƙule. A ganina wannan tsanewar ta fi duk wani kayan ɗanɗano muhimmanci, domin jiƙaƙƙiyar taliya ba ta soyuwa, caɓewa take yi.

Yanzu sai a ɗora kasko mafi faɗi da ake da shi, ko mai zurfin nan da ake kira wok, a kan wuta mai ƙarfi. Ana gane ya yi zafi idan aka ɗiga ruwa ya yi tsalle ya ƙafe nan take. A zuba mai cokali biyu, a baza naman ɗaya bayan ɗaya ba tare da wani ya hau kan wani ba, kuma a daure a ƙyale shi na kusan minti ɗaya har ƙasansa ya yi ja kafin a juya. Idan kaskon ƙarami ne, gara a soya shi kashi biyu, domin idan aka cunkusa shi zafin kaskon zai sauka, naman ya fitar da ruwa, suya ta koma dahuwa. Bayan wani minti ɗaya a kwashe shi a faranti.

A ƙara mai kaɗan a zuba karas da albasa, waɗanda suka fi jinkirin nuna, a yi ta juyawa na minti biyu. Sai tattasai da kabeji su biyo baya na minti ɗaya, sannan tafarnuwa da citta na daƙiƙa 30 kawai, daidai lokacin da ƙamshinsu zai tashi. Abin da ake nema shi ne kayan lambun su risina amma su riƙe launinsu da ɗan ƙarfinsu a haƙori.

A zuba taliyar, a maido da naman tare da romon da ya taru a farantin. A sake motsa haɗin da ke kwano, domin sitaci yakan kwanta a ƙasa, a zuba shi ta gefen kasko, a riƙa ɗaga taliyar ana juyawa da cokula biyu har ta yi sheƙi, ruwan ya kama jikinta. Kada a sa gishiri sai an ɗanɗana, tunda soya sos da gishirinsa yake zuwa. Mai son ƙarin ƙamshi yana iya ɗiga man riɗi bayan an kashe wuta, sannan a zuba a faranti a ci da zafinsa, domin idan taliyar ta jima a kasko za ta ci gaba da nuna har ta yi laushi fiye da kima.