In ƙungiyar gama kai ta yi maka rashin adalci wajen ɗaukar aiki

Kar ka fara da kotu tukuna malam. Fara neman dokokin ƙungiyar, ka duba wa aka ba ikon ɗaukar ma'aikata, kwamiti ne ko shugaba shi kaɗai, don sau da yawa nan ake yin aringizo a cusa ɗan uwa ba tare da an zauna mitin ba. Ajiye tallar aikin da takardar gayyatar intabiyu, har saƙon WhatsApp ma kar ka goge. Sai ka rubuta ƙorafi ga kwamitin, kwafi ɗaya ya tafi ofishin Daraktan ƙungiyoyin gama kai na jiharku. In sun yi biris da kai, nemi lauya, rigimar aiki Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ke saurare bisa sashe na 254C na kundin tsarin mulki, akwai reshenta a Kano da Kaduna.