Kafin ka sa hannu a bashin gida, zauna ka lissafa jimlar abin da za ka biya

Jama'a duk inda aka tada maganar bashin gida a wajen ma'aikatanmu na karkara, malaman firamare ne ko ma'aikatan asibiti ko na sakatariyar ƙaramar hukuma, tambaya ɗaya ce a bakin kowa, nawa za a dinga cira a wata? Da an ce dubu talatin sai ka ga mutum ya gyara zama ya ce ai da sauƙi. Tambayar ba laifi ba ce amma ba ita ya kamata ta zo farko ba. Abin da za ka fara tambaya shi ne, daga ranar da na sa hannu zuwa ranar da za a dawo min da takardun gidana, nawa ne zai fita daga aljihuna gaba ɗaya? Wanda ya taɓa turke sa ya san ba kuɗin da ya biya a kasuwar Wudil ne tsadarsa ba, dusa da harawa da ƙaiƙayin da zai ci kafin salla su ne lissafin.

Bari mu ɗauki wanda ya fi kowanne sauƙi a ƙasar nan, wato na asusun gidaje na ƙasa, NHF, wanda aka kafa a 1992 kuma bankin bada lamunin gidaje na tarayya FMBN ke riƙe da shi. Shi ne wannan kashi 2.5 cikin ɗari da ake cira a albashin ma'aikaci duk wata, da yawa ma ba su san na mene ne ba, sai dai su gan shi a takardar albashi su wuce. Wanda ya yi aƙalla wata 6 yana zubawa yana da damar neman bashi, kuɗin ruwansa kashi 6 cikin ɗari a shekara, ana iya ja har shekara 30, kuma ana bi ne ta ƙananan bankunan lamunin gida. Masu sana'ar kansu ma suna iya yin rajista su dinga zubawa.

To ɗauko kalkuletar wayarka. A ce ka karɓi naira miliyan 5 a kashi 6, shekara 30. Biyan wata zai kama wajen naira 29,978. Shekara 30 wata 360 ke nan, ka buga 29,978 sau 360, zai ba ka miliyan 10 da wajen dubu 790. Ka ci miliyan 5 ka biya kusan 11, wato kuɗin ruwan ma ya fi uwar kuɗin yawa, kuma fa wannan shi ne mai arahar. Mutane suna jin kashi 6 sai su ɗauka dubu 300 ne kawai za a ɗora a kai shi ke nan, a'a malam, kashi 6 ɗin duk shekara ne, a kan abin da ya rage ba ka biya ba.

Ga inda abin ya fi ɗaure wa mutane kai. Ka ce su ba ka jadawalin biya, takarda ce mai layi-layi, kowane wata da layinsa, gefe ɗaya an rubuta abin da ya tafi kuɗin ruwa, ɗaya gefen abin da ya rage uwar kuɗi, can ƙarshe kuma abin da ake binka. Sa yatsa a layin farko. A cikin 29,978 ɗin nan naira 25,000 cif kuɗin ruwa ne, 4,978 ce kawai ta taɓa bashin. Ka gangara da yatsanka zuwa layi na 120, shekara goma ke nan kana biya ba fashi, ka zuba kusan miliyan 3 da dubu 600, amma za ka ga har yanzu ana binka wajen miliyan 4 da dubu 180. Ba cuta aka yi maka a lissafin ba, haka tsarin yake, tunda bashin yana da girma a farko to ruwansa ma yana da girma, sai can wajen ƙarshe ne yawancin biyanka ke cin uwar kuɗi. Amfanin sanin wannan shi ne kar ka shiga da tunanin in abu ya yi tsanani bayan shekara biyar sai ka sayar da gidan ka biya saura ka tsira da wani abu, don sauran da za ka tarar kusan duk bashin ne.

Yanzu canza shekarun ka gani. Miliyan 5 ɗin dai, kashi 6 ɗin dai, amma shekara 20, wata zai koma wajen 35,800 jimla kuma miliyan 8 da dubu 600. In shekara 15 ce wata wajen 42,200, jimla miliyan 7 da dubu 600. Tsakanin mai shekara 30 da mai 15 bambancin wata dubu 12 ne da 'yan kai, amma bambancin jimla ya haura miliyan 3. Sai dai ba kai kaɗai ke zaɓa ba. Ƙa'ida ita ce abin da za a cira kar ya wuce kashi ɗaya cikin uku na abin da kake samu, don haka mai biyan 30,000 sai albashinsa ya kai wajen 90,000, kuma ana duba shekarun da suka rage maka kafin ritaya, wanda ya kai 45 ba zai samu shekara 30 ba, za a matse masa lokaci biyan wata ya hau. Kuma wannan ɗaya bisa ukun lissafin banki ne, banki bai san kana da mata biyu da tsohuwa a gida da ƙanne a makaranta da takin da za ka saya kafin ruwa ya sauka ba, kai za ka yi naka lissafin a kan abin da ke saura bayan an ci an sha.

Tambaya ta gaba wadda sai ka nace kafin a ba ka amsa a fili, ruwan nan a kan ragowar bashi ake lissafa shi ko a kan kuɗin farko har a gama? Duk lissafin da na yi a sama na ragowar bashi ne. In aka ce a kan kuɗin farko ne, wanda ma'aikatan banki ke cewa filat, to kashi 6 na miliyan 5 dubu 300 ne duk shekara ba ya raguwa, shekara 30 miliyan 9, jimla miliyan 14. Kashi 6 a baki duka biyun, amma tsakaninsu akwai sama da miliyan 3. Masu bada bashi na bayan fage da wasu ƙungiyoyin tsimi da irin wannan lissafin suke aiki, a kula.

Bankunan kasuwanci kuwa wata duniya ce daban. A ƙarshen 2024 babban bankin ƙasa ya kai ma'aunin ruwansa kashi 27.5, to ka san wanda zai ba ka bashi ba zai sauko kusa da 6 ba. A ce misali an ba ka miliyan 5 a kashi 25 na shekara 10, wata wajen 113,700 ne, jimla ta haura miliyan 13 da rabi. Ƙari a kan haka yawancin irin wannan ruwan ba a tsaye yake ba, akwai layi a yarjejeniyar da ke cewa banki na iya sauya shi in kasuwa ta sauya, ka nemo layin nan ka karanta shi da idonka ko ka sa wanda ka yarda da shi ya karanta maka. Ni a ganina ma'aikacin ƙaramar hukuma ba shi da abin yi da irin wannan bashin sam.

Na san da yawanmu tun daga jin kuɗin ruwa an gama magana, kuma da gaskiyarsu, wannan ka je wajen malamin da ka natsu da iliminsa ka tambaya kafin komai. Akwai bankunan da ba sa mu'amala da ruwa, Jaiz da ya fara aiki a 2012, TAJ a 2019, Lotus a 2021. A wajensu ko dai su sayi gidan su sayar maka da riba sananniya ka dinga biya a hankali, wato murabaha, ko ku yi tarayya a gidan kana biyan haya kana sayen kasonsu kaɗan-kaɗan har ya zama naka. Halaccin ciniki daban, tsada daban, nan ma sai ka tambayi jimla. A murabaha an san farashi tun ranar farko kuma ba ya motsi, a tsarin haya kuwa ka tambaya ko ana sake duba kuɗin hayar, kuma duk shekara nawa.

Sai maganar takardu, wadda a karkara ita ce ke fara kada mutum tun kafin a zo kan lissafi. Yawancin filayenmu shaidarsu takardar ciniki ce da aka rubuta da biro a fallen littafi, mai sayarwa ya dangwala yatsa, shaidu biyu ko uku, mai unguwa ya sa hannu dagaci ya buga hatimi, an naɗe ta a leda an sa a ƙasan akwati. A gari wannan takardar ta wadatar, ba mai ja da kai. Banki kuwa ba ya karɓarta jingina, shi takardar mallaka ta gwamnati yake so, C of O, saboda dokar amfani da ƙasa ta 1978 ta danƙa ƙasa a hannun gwamna kuma jinginar da irin wannan fili sai da amincewarsa. Kafin ka samu wannan akwai kuɗin safiyo, akwai zirga-zirga zuwa ma'aikatar ƙasa a Kano ko Dutse, kuɗin mota da yinin da ka bar aikinka. Bayan nan ga kuɗin fom, ga na mai kimanta darajar gida, ga lauya, ga rajistar jingina da kuɗin hatimin gwamnati, ga zanen gini da aka amince da shi in ginawa za ka yi, sannan harajin fili da za ka dinga biya duk shekara. Ka ce a rubuta maka kowanne da adadinsa a takarda ɗaya, ka tara a kan jimlar can ta sama. Ka tambayi kafin alƙalami kuma, a NHF tun 2018 an ɗauke shi ga bashin da bai wuce miliyan 5 ba, wanda ya haura haka kashi 10 ne. In filin gado ne da ba a raba ba to ka tsaya tukuna, kar ka jinginar da haƙƙin 'yan'uwanka mata da marayu.

Inshora ma kuɗi ce da ake biya duk shekara, ta gobara da ta rai, kuma akwai ta Musulunci wato takaful. Kar ka raina ta rai ɗin nan, shekara 30 ba kwana 30 ba ce, in ta Allah ta kasance kafin a gama to bashi ake fara biya kafin a raba gado, ka tambaya a fili in na rasu wa zai biya saura, za a tashi iyalina ne ko inshorar ta ɗauke? Mutanen Ringim da Auyo da Haɗeja da duk bakin kogin nan su ƙara da tambayar ambaliya, wanda ya ga ruwan 2022 ya san dalili, don gida zai iya rushewa bashin yana nan daram. Ka tambayi tarar makara kuma, in albashi ya yi jinkiri wata guda me za a ɗora, kuma wata nawa za ka yi ba ka biya ba kafin su fara maganar sayar da gida.

Akwai abu ɗaya da ke taimakon mai bashi, a faɗi gaskiya. In ruwan a tsaye yake ba ya canzawa, faɗuwar darajar naira tana rage masa nauyi. A 2019 mafi ƙarancin albashi dubu 30 ne, a 2024 ya koma dubu 70, to wanda ake cirar masa 29,978 tun wancan lokacin har yau ita ake cira, alhali siminti da kwano da rodi sun ninka sun sake ninkawa. Wanda ya ce zai tara kuɗi a akawun sai sun cika sannan ya fara gini, farashi yana gudu yana binsa a ƙafa. Shi ya sa gwadawar da ta dace ita ce tsakanin bashin da ginin sannu a hankali irin namu, bana a buga bulo a zuba fandisho, baɗi in an sayar da riɗi ko shinkafa a kai linta, in an kwashi adashi a yi rufi, a shiga ɗaki biyu a ci gaba da sauran. Wannan ba ruwa ba tara ba mai riƙe maka takarda, tsadarsa ita ce jira da tashin kaya da kuma haya in kana biya. A ƙauye inda haya ba ta da tsada ko ma kana zaune a gidan gado, jiran ba ya cin komai sosai. Sannan ka tuna gidan miliyan 10 a cikin ƙauye ranar da ka so sayarwa ba lallai ka samu mai ba ka miliyan 10 ba, ba kamar fuloti a gefen Dutse ko bakin titin Zariya ba.

In ka auna duka ka ga shiga za ka yi, to ka tabbatar an rubuta cewa kana iya biyan ƙari ba tare da tara ba, kuma ƙarin a kan uwar kuɗi zai sauka. A misalinmu na miliyan 5, in ka ɗora dubu 5 kacal duk wata bashin zai ƙare a wajen shekara 21 maimakon 30, kuma ka tsira da kusan miliyan 2. Mai noma a gefe yana iya haɗa ta dubu 60 ya kai sau ɗaya da kaka, sakamakon kusan ɗaya ne, kuma ƙarin shekarun farko ya fi na ƙarshe amfani nesa ba kusa ba. Duk biyan da ka yi ka karɓi rasit ka adana, kar ka dogara da alat na waya, duk shekara kuma ka nemi takardar ragowar bashi ka gwada ta da jadawalin nan layi da layi. Ranar da ka gama ka karɓi takardar sakin jingina da asalin C of O ɗinka, ka koma ma'aikatar ƙasa a soke jinginar a rajista, in ba haka ba a littafin gwamnati gidan yana nan a matsayin jingina ko da ka biya kobon ƙarshe.