Yadda ake ɗaukar tarihin tsohon na'ibi, wato ɗan majalisa, daga bakinsa

Shekara biyu kafin yaƙin da ya ɓarke a Sudan a Afrilun 2023, na yi wata huɗu ina zirga-zirga gidan wani dattijo a bakin kogin Bahar Azrak, kudu da Sinnar, ba nisa da garin Mai Wurno. Kawun mahaifiyata ne. Ya wakilci da'irarmu, wato mazaɓarmu, a majalisa tun zamanin shugaba Numairi, ya kuma ci zaɓen 1986. Allah ya yi masa rasuwa, kuma samari na yawan tambayata yadda na yi har ya buɗe mini baki. Ga yadda na bi, don mai irin wannan dattijo a ƙauyensu ya hanzarta.

Kafin ka je, haddace jerin majalisun ƙasar nan, in ba haka ba za ka ɓace a cikin zancensa. An yi zaɓen farko a 1953, aka sami 'yancin kai ranar 1 ga Janairun 1956. Janar Abbud ya yi juyin mulki ya rushe majalisa a Nuwamban 1958. Aka sake zaɓe a 1965 da 1968, Numairi ya kifar da ita a Mayun 1969, ya kafa tasa Majalisar Sha'ab ƙarƙashin jam'iyya ɗaya. Aka yi zaɓen 1986, Bashir ya yi juyin mulki a Yunin 1989. To ka ga in an ce wane ya daɗe a majalisa a Sudan, ana nufin an sha sallamo shi gida yana komawa. Shekarun da ya yi a gida su ma tarihi ne. Tambaye shi me ya ci, wa ya ci gaba da gaishe shi, wa ya ɗauke ƙafa.

Ranar farko kada ka fito da waya. Je bayan la'asar da sukari da ɗanyen bunni na jabana, wato 'ya'yan kofi, ka zauna a ƙasa ko a bakin angarib, gadon igiya, in ya nuna maka, ka yi gaisuwa mai tsawo. Ni sai a zuwa na uku na ce, "Baba, Allah ya ja da ranka, jikokinka ba su san wahalar da aka sha ba, ka bar ni in ajiye muryarka." Ya yi shiru, ya ce in dawo gobe da safe, lokacin da kansa ke sake.

Kada ka ce masa "a wace shekara?" Tsofaffinmu da abin da ya faru suke ƙirga. Ka ce, kafin a gama madatsar Rusairis ne ko bayanta? An gama ta a 1966. Kafin yunwar da aka raba dawar Rigan, dawar agaji ta Amurka, ne? Wannan 1984 zuwa 1985 ke nan. Kafin ambaliyar 1988? In ka koma gida ka ɗora shekarun da kanka.

Inda ya kamata ka daɗe shi ne batun jinsiyya, wato zama ɗan ƙasa. Dokar zama ɗan ƙasa ta 1957 ta ɗaura abin a kan wanda shi ko kakanninsa na wajen uba suke zaune a Sudan tun ranar 31 ga Disamban 1897. Kakannin yawancinmu kuwa, mu Hausawa da Fulanin Sudan, bayan yaƙin Burmi da Turawa na 1903 suka iso daga ƙasar Hausa, wasu tare da Mai Wurno ɗan Sarkin Musulmi Attahiru, wasu a hanyar hajji suka yada zango. Sai ga mutum an haife shi a nan, ya noma audugar Jazira har gemunsa ya yi fari, amma ba takarda, ba fasfo, ba aikin gwamnati ga ɗansa. Dattijon nan da na taɓo wannan sai ya miƙe zaune. Ya riƙa lissafa mini gidajen da ya raka Madani da Khartum, da yadda yake tafiya da umda, wato dagaci, da shaidu biyu a bayan lori, su kwana a baranda suna jiran ofishi ya buɗe. A ganina rabin aikin na'ibin ƙauye a nan yake, ba a jawabin da ya yi a zauren majalisa a Umdurman ba. Ragowar rabin kuma hafiri ne, wato tafkin tara ruwan sama, da shafahana, ɗakin shan magani, da ajin makaranta. Kowanne ka tambayi wa ya kai arida, wato takardar koke, sau nawa, wa ya sa hannu, kuma yau yana aiki ko ya mutu.

Zai riƙa haɗa Hausa da Larabci. Rubuta yadda ya faɗa, kada ka gyara masa.

Nemi akwatin ƙarfen da ke ƙarƙashin gado, kusan kowannensu yana da shi. A nasa na tarar da katin majalisa, da kwafin aridu, da takardar kamfe mai hoton alamarsa, don a lokacin da alama mutanen ƙauye ke gane ɗan takararsu. Shimfiɗa kowace takarda a tabarma inda haske yake, ka ɗauki hoton gaba da baya, ka mayar yadda ka same ta. Kada ka ari ko ɗaya. Kada kuma ka ce ai akwai kwafi a Darul Wasa'ik, ma'ajiyar takardun tarihi ta ƙasa, a Khartum, mun ga abin da yaƙi ke yi wa takarda.

Daga nan ka shiga cikin gida. Uwargidansa ce ta gaya mini buhun dawa nawa ɗakin baƙi ke cinyewa a wata, da ranar da ta sayar da awarwaronta don a biya kuɗin lorin masu zaɓe. Shi bai taɓa ambata ba. In kai namiji ne kuma ba muharrami ba, tura ƙanwarka da tambayoyin. Sannan ka nemi wanda ya kara da shi ya faɗi, ko ɗansa. Za ka ji rijiyar da aka haƙa a unguwar magoya baya aka tsallake ta wasu. Rubuta wannan ma, ka ce wane ya faɗa.

Tambayoyi masu nauyi ka bar su ƙarshe: me ya sa ya shiga Ittihadul Ishtiraki, jam'iyyar Numairi, me ya sa ya sauya jam'iyya bayan 1985, ina gonar da aka ce an ba shi. Yi su kai da shi kaɗai. In ya ce kashe waya, kashe, kuma abin da ya faɗa bayan nan amana ce.

Kuskurena ɗaya ne, har yau yana cina. Zama goma sha ɗaya muka yi, shida kawai na tura wa yayana a Jidda ta WhatsApp, sauran na ce sai na sami intanet mai kyau. Wayar ta salwanta a hanya ranar da muka bar gida muka nufi Gadarif, da labarin aurensa da na zaɓensa na farko a ciki. Duk zaman da ka yi, tura shi a daren nan ga mutum biyu da ke garuruwa daban, ka rubuta ranar da abin da aka tattauna a littafi na daban, ka ajiye littafin a wani gida ba naka ba.