Yadda Za Ka Hana Damuwa Cin Jikinka

Idan damuwa ta daɗe, jiki yakan yi ta fitar da sinadaran kotisol da adiranalin. Daga nan sai zuciya ta riƙa bugawa da sauri, jini ya hau, barci ya gagara.

Fara gyara barcin. Babba na buƙatar awa 7 zuwa 9. Tsayar da lokacin kwanciya da na tashi, ka bar kofi awa 6 kafin kwanciya. Wani kuskure da ake yi shi ne ramuwa da dogon barcin rana, wanda ke korar na dare; kada barcin rana ya wuce minti 20.

In gabanka ya faɗi, shaƙi iska daƙiƙa 4, ka fitar a hankali daƙiƙa 6, har minti 5. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ba da shawarar motsa jiki minti 150 a mako, wato tafiya da sauri minti 30, kwana 5.

Amma fa numfashi ba ya biyan bashi, ba ya sasanta rikicin gida. Nemi wanda ka amince da shi ku tattauna tushen matsalar, don kaɗaici kansa yana ƙara haɗarin ciwon zuciya.

Idan baƙin ciki ya kai mako 2 bai sake ka ba, je ka ga likita. Ciwon ƙirji ko tunanin kashe kai kuwa, a tafi asibiti nan take.