Yadda ake ɗaukar soyayyar talaka da mai kuɗi a salon fim marar magana

Kafin 1927, 'yan fim a Amurka da Turai ba su da muryar da za ta ce "ke ba sa'arsa ba ce". Sutura da wurin tsayuwa ne ke faɗin haka, kuma da su za ka yi aiki.

Kafa kyamara kan ƙafafunta, kada ta motsa. Hoton ya zama baƙi da fari, faɗi 4 tsayi 3. Fina-finan farko ana ɗaukarsu da hoto 16 zuwa 18 a daƙiƙa. Idan ka ɗauka a 16 ka kunna a 24, masoyan za su riƙa sauri kamar an koro su, abin tausayi ya koma barkwanci.

Launi ba zai taimake ka ba, sai ɗinki. Ba attajirin kwat daidai jikinsa, doguwar hula da farar safar hannu. Na talakan ya yi masa yawa ko ya matse shi. Tsohon fim yana mai da ja baƙi, shuɗi kuma ya dusashe, don haka a rage jan baki idan za ka kwaikwayi wannan, in ba haka ba leɓen jarumar ya fito kamar gawayi.

Babban aikin shi ne shingen da ke tsakaninsu. Sa wani abu da ido zai gani: teburin kanti, gilashin taga, matakala, ƙofar mota. A fim ɗin It na 1927, jaruma Clara Bow ta fito a matsayin mai sayar da kaya a katafaren kanti, tana son mai kantin. A City Lights na 1931, makauniya mai sayar da furanni ta ji an rufe ƙofar mota, sai ta ɗauka talakan nan da Charlie Chaplin ya fito a matsayinsa attajiri ne. Chaplin, wanda shi ne kuma daraktan fim ɗin, ya maimaita ɗaukar haɗuwar nan fiye da sau 300, domin dole mai kallo ya gane kuskuren yarinyar ba tare da an rubuta masa ba. Ɗauki shingen daga nesa tukuna, a ga su biyun da abin da ya raba su, sannan ka matso kan hannu ko fuska. Wanda ya fara da fuska ya nuna soyayya, amma ya ɓatar da bambancin arziki.

Allon rubutu kuwa, wato rubutun da ake nunawa tsakanin hotuna a madadin magana, a taƙaita shi: jimla ɗaya ko biyu, ya tsaya gwargwadon yadda za ka karanta shi sau biyu a hankali. Bar shi ga maganar uban da ya hana auren, domin ita ce hoto ke wahalar faɗa.