Yadda Ake Sabunta Lasisin Tuƙi a Zariya Ba Tare da Bi ta Hannun 'Yan Kamasho ba

Lasisin tuƙi a Najeriya yana da wa'adi, ko dai shekara uku ko shekara biyar, gwargwadon wanda mutum ya biya kuɗinsa, kuma ranar ƙarewarsa tana dacewa da ranar haihuwar mai shi, kamar yadda aka buga a fuskar katin. Duk da sauƙin tuna wannan rana, direbobi da yawa a Zariya ba sa farga cewa lasisinsu ya mutu sai an tsayar da su a Kwangila ko Ɗan Magaji, ko kuwa sun miƙa shi a banki a matsayin katin shaida an dawo musu da shi. A jadawalin laifuffukan hanya da ke cikin dokar Hukumar Kiyaye Haɗurra ta Ƙasa ta shekarar 2007, tarar tuƙi ba tare da ingantaccen lasisi ba naira 10,000 ce, ban da ɓata lokaci da tsare mota. Abin da ya fi tarar nauyi shi ne, idan tsautsayi ya gitta, kamfanin inshora yana iya kafa hujja da mutuwar lasisin ya ƙi biyan diyya. Saboda haka ya kamata mutum ya fara shirin sabuntawa tun da saura kamar wata guda wa'adin ya cika.

Kafin a shiga bayanin matakai, akwai abin da ya wajaba mai karatu ya fahimta, domin a kansa dukkan sauran bayanin ya dogara. Tun daga shekarar 2011, lokacin da aka ƙaddamar da sabon tsarin lasisi, ingancin lasisi ba ya ga katin da ke aljihunka, yana ga bayananka da ke ajiye a rumbun kwamfutar hukumar, wato sunanka da ranar haihuwarka da hotonka da zanen yatsunka. Idan waɗannan bayanai suna cikin rumbun, ko katin ya ɓata ko ya karye za a sake buga maka wani. Idan kuwa ba sa ciki, katin da kake riƙe da shi jabu ne komai kyansa da ƙyallinsa, kuma ba a sabunta abin da tun farko bai wanzu ba. Mutane masu mutunci da yawa, malaman makaranta da 'yan kasuwa da ma'aikatan gwamnati, suna yawo da irin wannan kati ba da saninsu ba, domin shekarun baya sun ba wani kuɗi da ƙaramin hoto, bayan 'yan kwanaki ya kawo musu lasisi har gida. Duk lasisin da aka taɓa yi wa mutum karon farko ba tare da ya je da ƙafarsa an ɗauki hotonsa da yatsunsa ba, akwai babban dalilin yin shakka a kansa.

Gwajin wannan ba shi da wuya. Ka buɗe shafin lasisin tuƙi na hukumar a intanet, ka tabbatar adireshin yana ƙarewa da frsc.gov.ng, domin akwai shafukan bogi da ke kwaikwayonsa, sannan ka zaɓi sashen sabuntawa, ka shigar da lambar lasisinka da ranar haihuwarka. Idan bayananka suka bayyana, lasisin na gaskiya ne, sai ka ci gaba. Idan shafin ya ce bai san lambar ba, ka sake dubawa ko ka rikita sifili da harafin O, in kuma har yanzu bai fito ba, ka ɗauki katin ka je cibiyar lasisi a duba maka. Wanda aka tabbatar masa cewa nasa jabu ne ba shi da wata hanya illa ya faro daga tushe, ya shiga makarantar koyon tuƙi da hukuma ta amince da ita, ya karɓi takardar shaida, a gwada shi, sannan ya nemi sabon lasisi. Wannan yana da ciwo ga wanda ya shekara ashirin yana tuƙi, amma ina ganin ya fi masa alheri a kan ya sake sayen wani jabun, domin matsalar za ta jira shi ne kawai a gaba.

Abu na biyu da za a shirya shi ne lambar ɗan ƙasa ta NIN mai alƙaluma 11, wadda tun ƙarshen shekarar 2020 ta zama wajibi ga duk mai neman lasisi ko sabunta shi. A nan ne mutanenmu suka fi samun tangarɗa, kuma dalilin sananne ne. Wani an rubuta masa Muhammad a lasisi, a katin ɗan ƙasa kuma Mohammed. Wani ya sa sunan mahaifinsa a wannan, ya sa sunan kakansa ko sunan garinsu a wancan. Wata ta yi lasisi da sunan mahaifinta, daga baya ta yi rajistar ɗan ƙasa da sunan mijinta. Ga kuma matsalar ranar haihuwa, inda mai cike fom ya ga dama ya rubuta wa mutum ɗaya ga Janairu saboda bai kawo takardar haihuwa ba. Kwamfuta ba ta san cewa duk mutum ɗaya ne ba, tana kwatanta harafi da harafi ne, kuma da zarar ta ga saɓani aikin zai iya tsayawa. Don haka ka ajiye takardun biyu gefe da gefe ka karanta su a natse kafin ka biya ko sisi. Idan kuskuren yana ga katin ɗan ƙasa, hukumar NIMC mai rajistar ɗan ƙasa ce ke gyara shi, kuma gyaran yana cin kuɗi da lokaci, musamman na ranar haihuwa. Idan yana ga lasisin, sai ka gabatar da buƙatar gyara a cibiyar lasisi tare da takardun da ke goyon bayanka.

Idan takardu sun daidaita, sai cike fom. Mai wayar zamani yana iya yi da kansa, wanda bai saba ba kuma yana iya zuwa shagon intanet, irin waɗanda suka cika Samaru da Kongo da PZ. Sharaɗin kawai shi ne ya zauna kusa da mai buga masa, ya sa a karanta masa kowane layi kafin a aika. Lambar wayar da za a sa ta kasance taka ce, ba ta mai shagon ba, domin ta nan saƙo zai zo maka. A duba adireshin gida idan an sauya unguwa, a duba lambar wayar magaji ko wani makusanci, a kuma duba rukunin jini. Waɗannan biyun na ƙarshe mutane suna raina su, alhali kuwa duk wanda ya san yawan haɗurran da ake yi a hanyar Kaduna zuwa Zariya zuwa Kano, da yadda ake kwasar mutane zuwa asibitin koyarwa na Shika ba sa iya magana, ya san cewa katin da ke aljihu shi ne yake faɗin ko wane ne mutum da wanda za a kira.

A cikin fom ɗin za ka zaɓi jiha da cibiyar da kake so a kammala maka aikin. Ka zaɓi jihar Kaduna da cibiyar da ta fi kusa da kai, domin inda ka zaɓa nan za ka je, nan kuma katin zai iso. Kuskuren danna wata cibiya ta cikin garin Kaduna yana nufin zirga-zirgar da ba ta da dalili. Za ka kuma ga ajin lasisinka. Ajin A na babur ne, ajin B na ƙaramar motar gida ce, ajin F na taraktar noma, ajin G na tirela, ajin J kuma na masu naƙasa da ke tuƙa motar da aka gyara domin su. Sabuntawa tana maimaita ajin da kake da shi ne. Mai ajin B da ya koma ɗaukar fasinja daga Zariya zuwa Funtuwa ko Jos yana buƙatar sauya aji, kuma wannan aiki ne dabam mai sharuɗɗansa, ciki har da cika shekara 26 da kawo takardar lafiya daga asibitin gwamnati.

Daga nan sai biyan kuɗi. A farashin da ya fara aiki a watan Yunin 2025, lasisin mota na shekara uku naira 15,000 ne, na shekara biyar kuma naira 21,000, yayin da na babur da Keke Napep yake naira 7,000 da naira 11,000. Farashi yana sauyawa, don haka adadin da shafin hukumar ya nuna maka a ranar da kake cike fom shi ne abin dogaro. Ana biya da katin banki a shafin, ko a buga takardar a kai banki. Ga wanda yake da hali, na shekara biyar ya fi arha idan aka raba kuɗin bisa shekaru, kuma yana rage yawan zuwa layi. Ka buga fom ɗin da rasit, ka yi kwafi biyu, ka ɗauki hotonsu a waya. Idan a cibiya aka ce akwai wani ƙarin kuɗi na jiha ko na gwaji, ka tambayi sunansa cikin ladabi, ka nemi rasit mai tambarin gwamnati. Kuɗin da ba a iya yanka masa rasit ba na hukuma ba ne.

Hukumomi uku ne suke da hannu a cikin lasisi, shi ya sa za ka bi ta tebur uku. Jami'in hukumar tara haraji ta jiha, wadda a Kaduna ake kira KADIRS, shi ne zai tabbatar da cewa kuɗinka ya shiga. Jami'in gwajin direbobi, wanda jama'a suka saba kira VIO, zai sa hannu cewa ka cancanci ci gaba da tuƙi. Jami'in Hukumar Kiyaye Haɗurra kuma shi ne zai ɗauki hotonka da zanen yatsunka da sa hannunka. Ka tafi da tsohon lasisin da fom da rasit da takardar NIN, ka kuma yi sammako, domin aikin ɗaukar hoto ya dogara ga wuta da netwok, kuma wanda ya zo da rana tsaka shi ne ya fi komawa gida ba a yi masa ba. Manoma da makanikai da magina su lura cewa na'ura tana wahalar karanta yatsun da aiki ya goge, don haka a wanke hannu a shafa ɗan mai kaɗan kafin a shiga. Shafin hukumar yana ba wasu masu sabuntawa zaɓin tsallake ɗaukar hoto a yi amfani da tsohon, kuma wannan yana rage wahala, sai dai wanda kamanninsa suka sauya sosai gara ya zauna a ɗauki sabo.

A bakin irin waɗannan ofisoshi ba a rasa masu tarar mutum da cewa, "Alhaji, kawo a yi maka yanzu-yanzu," ko "Hajiya, ba sai kin bi layi ba." Amsar da ta dace ita ce a yi musu godiya a wuce ciki. Ko da wanda ya tare ka ba maƙaryaci ba ne, zai ninka maka kuɗin aikin da za ka iya yi da kanka, zai riƙe lambar NIN ɗinka da ranar haihuwarka, kuma idan an yi kuskure a fom ba shi ne zai yi yawon gyara ba.

Batun gwajin ido ya cancanci a tsaya a kansa, domin shi ne matakin da aka fi son a tsallake, alhali shi ne mafi amfani ga rayuwar direba. Gani yana raguwa a hankali ta yadda mai shi ba ya lura, musamman bayan shekara arba'in, da kuma ga masu ciwon suga da hawan jini. Mutum yana iya karanta allo da rana tsaf, amma idan hazon hunturu ya sauka, ko fitilun tirela suka haske shi da dare a hanyar Sakkwato, sai ya kasa bambance ɗan acaba da inuwar gefen titi. Idan an ce ka karanta haruffan gwaji, ka karanta da gaskiya, kada ka nemi a ɗaga maka ƙafa. Idan kana sa tabarau, ka je da shi, a rubuta hakan a bayananka. Dattijon da 'ya'yansa suka lura yana matse ido idan yana tuƙi, hakkinsa ne a kansu su raka shi asibiti a duba shi kafin a je sabunta lasisin, ko a Shika ko a asibitin Gambo Sawaba, domin sau da yawa tabarau ko aikin yanar ido yana dawo da gani yadda yake.

Bayan an kammala, an saba ba da lasisin wucin gadi mai wa'adin kwana 60, wanda doka ta amince ka yi tuƙi da shi har katin dindindin ya fito. Ka adana shi kada ruwa ya taɓa shi. Yakan faru kwana 60 su cika katin bai iso ba, domin ba a cibiyar ake buga shi ba. Idan haka ta faru, kada ka ci gaba da yawo da takardar da ta mutu. Ka duba matsayin aikinka a shafin hukumar, ka koma cibiyar da takardunka a sabunta maka wa'adin ta wucin gadin. Wanda kuma lasisinsa ya ɓata tun kafin ya sabunta, zai fara da kai rahoto ofishin 'yan sanda da yin takardar rantsuwa a kotu, kuma aikinsa zai yi sauƙi ƙwarai idan yana da lambar lasisin a rubuce ko hotonsa a waya.

Ranar karɓar katin, ka je da kanka da takardar wucin gadin, kuma kada ka bar teburin sai ka karanta sunanka da ranar haihuwa da aji da rukunin jini da ranar ƙarewa, ka kwatanta su da fom ɗin da ka cike. Idan akwai kuskure, a nan take ya fi sauƙin kai ƙorafi. Sannan ka tuna cewa lasisin tuƙi naka ne kai direba, takardun mota kuwa, wato lasisin mota da inshora da takardar lafiyar mota, lissafinsu dabam ne, kowace shekara ake sabunta su, kuma jami'an KASTLEA, hukumar kula da zirga-zirgar ababen hawa ta jihar Kaduna, da na kiyaye haɗurra suna iya neman kowanne daga cikinsu a hanya.