Yadda ake karanta dutsen tunawa na rajimantin 'yan sa-kai: misalin filin Getisbag

Ɗalibin tarihi a Omdurman, Wad Madani ko Gadarif da aka ba shi aiki kan yaƙin basasar Amurka na 1861 zuwa 1865, wanda aka yi tsakanin jihohin Arewa da na Kudu, yakan ci karo da hotunan duwatsu da gumakan tagulla masu rubutu a jiki. Kuskuren da aka fi yi shi ne a kwafe abin da ke jikin dutsen a zuba a takarda kamar hujja yankakkiya. Dutsen nan tsofaffin sojojin da suka tsira ne suka kafa shi, galibi bayan shekara 20 ko fiye, da kuɗinsu da na jiharsu, kuma abin da suke so a tuna shi suka sassaƙa. Ana iya yin aikin duka daga waya, muddin an bi shi daki-daki. Za mu ɗauki filin Getisbag a jihar Fensilbeniya, inda aka gwabza daga 1 zuwa 3 ga Yuli 1863, domin akwai duwatsu da alluna sama da 1,300 a wurin. A wajen bincike a intanet, rubuta sunan yadda masu shi ke rubutawa: Gettysburg.

Fara da gane mene ne rajimanti. Jiha ce ke tara 'yan sa-kai, ta ba su lamba bisa jerin kafuwarsu, shi ya sa suna ke zuwa da lamba da jiha: ta 20 ta Mein, ta 1 ta Minesota. Cikakkiyar rajimantin sojan ƙasa kamfani 10 ce, kowane kamfani kusan mutum 100 ƙarƙashin kyaftin, kanar kuma na bisa duka. Kamfanonin suna da haruffa daga A zuwa K, babu J, saboda haka in ka ga J a rubutunka to I ce ka karanta ba daidai ba. Rajimanti huɗu ko biyar su ne birged, wadda masu karatu da Larabci suka sani da liwa, sama da ita firƙa, sama da firƙa kuma failaƙ. A jikin dutse za ka ga gajerun kalmomi: Vol. ko Vols. na nufin 'yan sa-kai, Inf. sojan ƙasa, Co. kamfani.

Kada lambar 1,000 da wannan lissafi ke bayarwa ta ruɗe ka. Zuwa lokacin Getisbag, cuta da rauni da gudu sun cinye mutane, yawancin rajimantocin Arewa sun shiga fili da 300 zuwa 400 ne kawai. A yaƙin gaba ɗaya, cikin kowane soja uku da suka mutu kusan biyu cuta ce ta kashe su, ba harsashi ba.

Buɗe littafinka ka ja layi bakwai: suna da lamba, birged da firƙa da failaƙ, rana da lokaci, adadin da suka shiga, asara, shekarar kafa dutsen, sai wanda ya biya. Nemi hoton fuska huɗu na dutsen, domin gaba yakan ɗauki suna da kirari ne kawai, alƙaluma da sunayen matattu suna gefe ko baya. In network na wahala, sauke hotunan da daddare ka yi karatun daga baya.

Alamar da ke saman dutsen ita ce hanya mafi sauri ta gane failaƙ. A farkon 1863 rundunar Arewa ta Fotomak ta raba wa kowane failaƙ tambari: na 1 da'ira, na 2 ganye mai kunne uku, na 3 lu'ulu'u mai kusurwa huɗu, na 5 gicciyen Malta, na 6 gicciye mai hannuwa daidai, na 11 jinjirin wata, na 12 tauraro. A hular soja launi ne ke nuna firƙa: ja ta farko, fari ta biyu, shuɗi ta uku. Jinjirin watan nan ya sha sa ɗalibanmu zaton akwai rundunar Musulmi a wurin. Babu, tambarin failaƙ na 11 ne, wanda Jamusawa 'yan ci-rani suka yi yawa a cikinsa. Haka in ka ga gunkin soja da jar dara ko rawani da wando buje, kamar na ta 114 ta Fensilbeniya, wannan shigar Zuwab ce da aka kwaikwayo daga sojan Faransa na Aljeriya, mutanen ciki kuwa 'yan Filadelfiya ne.

Wurin da dutsen yake tsaye shi ma magana ne. Ƙungiyar da ke kula da filin ta kafa ƙa'ida a 1887 cewa kowace rajimanti ta sa dutsenta a inda ta ja sahun daga, ba inda ta kutsa ta kai ba. Hagu da dama da babban dutsen akwai ƙananan duwatsu biyu, ɗaya da L.F. ɗaya da R.F., su ne ƙarshen sahu ta hagu da ta dama. Hagu da daman na sojan da ke fuskantar abokan gaba ne, ba na mai kallon hoto ba, kuma nan ne taswirar ɗalibai da yawa ke juyewa. Auna tazarar da ke tsakanin duwatsun biyu a Google Maps. Sojoji kan tsaya sahu biyu, kowane mutum na cin wajen santimita 60, saboda haka mutum 300 za su rufe kusan mita 90. In tazarar ta zarce haka nesa, ko dai an miƙe sahun ya koma ɗaya don ƙarancin mutane, ko an matsar da duwatsun. Ƙa'idar 1887 ɗin ta jawo rigima har kotu: tsofaffin sojan ta 72 ta Fensilbeniya sun kai ƙara har kotun ƙolin jiharsu don a bar su su kafa nasu a gaba, kusa da katangar dutse, suka yi nasara, aka buɗe shi a 1891.

Yanzu alƙaluma, inda aiki ya fi lalacewa. Kalmar casualties da ake fassara wa da asara ko khasa'ir ta haɗa wanda aka kashe, wanda aka ji wa rauni, wanda aka kama da wanda ya ɓace. Na'urar fassara takan mayar da ita matattu kawai, sai ɗalibi ya rubuta cewa mutum 51,000 sun mutu a Getisbag, alhali waɗanda suka mutu a filin wajen 7,000 ne. Ɗauki dutsen ta 20 ta Mein a tudun Little Round Top, inda Kanar Joshua Chamberlain ya riƙe ƙarshen hagun rundunar Arewa ranar 2 ga Yuli. Wanda ya san abin da ya biyo bayan saukar maharba daga dutsensu a Uhudu ya san darajar irin wannan wuri. Dutsen ya ce mutum 358 suka shiga, 38 aka kashe ko suka mutu daga rauni, 93 suka ji rauni. Haɗa 38 da 93 ka sami 131, raba da 358, ya ba ka kusan kashi 37 cikin 100. Lura da "ko suka mutu daga rauni": rahoton da aka rubuta kwanaki kaɗan bayan yaƙi zai nuna matattu ƙasa da haka, domin wasu sun cika ne a asibiti daga baya. Wannan ba saɓani ba ne, bambancin lokacin ƙidaya ne.

Saɓani na gaske yana wajen fursunoni. Rahoton Chamberlain ya ce 400, dutsen ya tsaya a 300 da 'yan kai. Kanar William Oates na ta 15 ta Alabama, daga ɓangaren Kudu, wanda shi ne ya kai harin, bai yarda da labarin Arewa ba, ya kuma nemi kafa wa mutanensa dutse a tudun amma bai samu ba, har da jayayya tsakaninsa da Chamberlain kan iyakar inda suka kai. Saboda haka duk adadin da ka ɗauko daga dutse, gwada shi da rahoton kwamandan da na abokin karawarsa. Duka suna cikin tarin rahotannin hukuma mai mujalladi 128 da ake kira Official Records, ana samunsa kyauta, Getisbag na cikin juzu'i na 27. A takardarka rubuta "dutsen ya ce", kada ka rubuta "an kama".

Duwatsun rajimantocin Kudu kaɗan ne ƙwarai a filin. Allunan birged da gwamnati ta kafa ne ke cike gurbin: mai gindi zagayayye na Kudu, mai gindi murabba'i na Arewa. Zancen da ke yawo cewa dokin da ya ɗaga ƙafa ɗaya na nufin an ji wa mahayin rauni, ka bar shi: dokin gunkin Janar Longstreet na Kudu ƙafa ɗaya a sama, shi kuwa ko ƙwarzane bai samu a Getisbag ba.

In mutum kake nema ba runduna ba, hukumar kula da wuraren tarihi ta Amurka tana da rumbun sunaye sama da miliyan 6 mai suna Soldiers and Sailors Database. Gwaji mai daɗi gare mu shi ne Muhammad Ali ɗan Sa'id, haifaffen Kukawa a Borno, wanda aka sani da Nicholas Said, ya shiga ta 55 ta Masacuset, rajimantin baƙaƙen fata, a 1863. Gwada suna da rubutu iri-iri, domin magatakarda da kunne suke rubutawa. Kula da abu biyu. Amurkawa kan fara da wata, 7/2/1863 na nufin 2 ga Yuli, ba 7 ga Fabrairu ba. Kuma runduna ɗaya kan ɗauki suna biyu: ta 14 ta Burukilin ita ce ta 84 ta Niyok.

Layukan nan bakwai suna aiki a gida. A Karari, arewa da Omdurman, inda sojan Kitchener suka haɗu da Ansar na Khalifa Abdullahi ranar 2 ga Satumba 1898, Turawa sun kafa dutse don mahayan rajimanti ta 21 da suka rasa mutum 21, alhali Ansar da suka faɗi sun kai wajen 10,000. Layin "wanda ya biya" shi ke bayyana wannan. Yankin na soja ne, ga kuma ragowar abubuwan fashewa da yaƙin baya-bayan nan ya bari, don haka kada a je ɗaukar hoto sai da izini da ɗan gari. In an sami dama, a ɗauki hoto da sassafe ko bayan la'asar lokacin da haske ke zuwa ta gefe, a jingina ma'auni a jikin dutsen, a goge ƙura da ruwa da burushi mai laushi kawai. Burushin ƙarfe da bilic da alli suna cinye rubutu, musamman a farin marmara. Inda babu dutse sam, kamar labarin Burmi na 1903 da zuriyar Sarkin Musulmi Attahiru ke riƙe da shi a Mai Wurno, baki ne ke cike layukan: rubuta sunan dattijon da izininsa, shekarunsa, da wanda ya ji labarin daga gare shi, sannan ka nemi na biyu daga wani gida daban ka gwada.